Ranar da Tasi'u Ya Kayar da Nijar

Rediyo na cewa Tasi'u ya maka ɗan kokawar Nijar da ƙasa, ƙauyenmu na gefen Ɗanbatta ya kaure da guɗa. Fari ya cinye geron bana, amma yau kowa ya manta da rumbunsa.

Jama'a suka cika gidan Inna Hure, mahaifiyar Tasi'u. Muntaka mai rediyon ya durƙusa gabanta.

"Inna, ɗanki ya fitar da Najeriya kunya. Wancan kuwa ɗaukar sa aka yi, an ce ƙugunsa ya karye."

Hawaye kawai take yi, mata suna cewa na murna ne.

"Muntaka," ta ce, "maimaita min waƙar da makaɗan wancan suka yi masa."

Ya rera kaɗan yana dariya. Ita ta ƙarasa, har da baitin da rediyo bai kawo ba.

"Inna, ina kika san ta?"

"Ni nake yi masa ita in ina daka. Wan Tasi'u ne. Shekarar babbar yunwa na ba fataken Damagaram shi, suka ba ni geron da ya raya Tasi'u."