Sunan da Ke Kan Iƙama

Ranar da labarin ya iso unguwar Nuzla, Zubaidatu ce ta tare maƙwabciyarta Rahama kafin kanta ya bugi ƙasa.

Wani ma'aikacin kamfanin jirgin ruwa ne ya kawo labarin. Jirgin ruwan da ke kai sojoji bakin daga yana cikin sauke su a gaɓa, roka ta faɗa ɗakin girki. Mutane suka riƙa faɗawa teku suna ci da wuta, harsashi yana bin su. Kukun jirgin ya ƙone ƙurmus. Da iƙamar da ke akwatinsa, wato takardar izinin zama a ƙasar, aka gane shi: Zaharadden, mijin Rahama.

"Gonar dabino ya ce mini ya tafi!" Rahama tana ta kururuwa.

"Yi haƙuri, 'yar'uwa," in ji Zubaidatu. A ranta kuwa hamdala take. Nata mijin ba shi da takarda, wa zai ɗauke shi a jirgi? Yana can Makka yana gadi.

Kwana uku tana girka wa masu gaisuwa abinci. Ranar sadakar uku sai ga Zaharadden da kwalin dabino a kai. Mata suka watse da salati. Shi kuwa gaban Zubaidatu ya zube.

"Yaya, mijinki ne ya roƙi aron iƙamata. Ya ce kada ki sani."

Shekara ashirin ba ta taɓa kiran sunan mijinta ba, don kunya. Takardar mutuwar ma ba ta kira shi ba. Yanzu kullum bayan asuba takan juya wajen teku ta ce, "Badaru," da ƙarfi.