Tsiron Bakin Murhu

"Ke kika ce mu zauna, Yaya," in ji ƙanin mijinta, yana tona taɓo da tsinin mashi. "To, ina shinkafar? Ko ƙasar ta cinye ta yi barci?"

Ba wanda ya yi dariya. Aladun daji sun daɗe da haurawa tsauni, kuma tun kaka da kakanni binsu ake yi. Bana aka tsaya, don ta ce ta ga mutanen bakin kogi suna ba ƙasa shinkafa, tana mayar musu ninki-ninki.

Duk irin shinkafar da dangi suka tsinto a fadama ta zuba wa ƙasa. Sai da ta soya shi tukuna, don ƙasa babba ce, ba a miƙa wa babba ɗanye.

Damina ta raba, fili fayau. Yara suka koma gwaguyar ɓawon itace.

"In watan nan ya mutu ba tsiro, tafiya za mu yi," in ji shi. "Ke ki zauna da ƙasarki."

Ta zagaya bayan bukka. A gefen murhu, inda 'yan ƙwayoyi suka zube mata kafin su kai tukunya, sai ga tsiro kore shar.

Duk wanda ya gani zai san wadda ta kashe irin.

Ta ɗaga ƙafa za ta murje shi, sai ta jiyo jikanta yana kukan yunwa. Ta sauke ƙafar a gefe.

"Ku zo ku gani," ta ce.