Jajibirin Suna

Jariri na huɗu ya ɓace da hantsi a Agege, ana gobe suna, kamar sauran ukun.

Sufeto Ashiru aka ɗora wa aikin, don shi ne ya yi kwas kan halayyar masu laifi. Boka abokan aikinsa ke ce masa, wai da ya kalli ɓarna sai ya faɗi kamannin mai ita. Ya ba aikin ransa, har ranar tun da asuba ya gaya wa matarsa Raihana kada ta jira shi, yau a ofis zai kwana. Bai ji nauyin barinta ba, don kwanan nan ta fara warwarewa daga kwanciyar da ta yi tun bara, tana shiga mutane har tana dariya.

Mutanen unguwa sun ce matsafa ne, shi bai yarda ba. Duk yaran maza ne, kuma ukun farko an tsince su kafin la'asar a ƙofar masallaci, an yi musu wanka, an sa kwalli, an aske kai tas. Yaushe matsafi ya fara shafa wa yaro hoda?

Ya zauna gaban dattawa ya zayyana musu kamannin mai satar. Mace ce, kuma 'yar gida, irin wadda za ta shiga gidan barka a miƙa mata jariri ko kallonta ba a yi ba. Ta haifi namiji ya koma kafin a yanka rago, shi ya sa take yi wa na wasu askin da ba a yi wa nata ba. Akwai wanda take gudun ya dawo gida ya tarar da yaro. Ba mugunta ba ce, in ji shi, ciwo ne ke cinta. Matasa suka ce ko ciwon mene ne, taya da fetur na jiranta.

La'asar ta yi, ta wuce, ba a kawo yaro ba. Wannan kuma da ciwon shawara aka haife shi, gobe asibiti ke jiransa. Uwarsa Rahma na zaune a tsakar gida, nono ya jiƙa mata gaban riga, kukan ma ya ƙi fita. Ashiru ya kasa kallonta don tausayi.

Sai ga mahaifin yaron, Baballe, ya shigo da wata Bayarbiya mai gasa masara a bakin titi. Ta ce ta ga wata mai dogon hijabi ta hau Keke mai ƙafa uku da jariri, ba ta ga fuskarta ba, amma ta ji tana lallashinsa.

"Me take cewa?" Ashiru ya tambaya.

"Oga, suna kawai. Shamsuddeen, yi shiru, Shamsuddeen."

Baballe ya girgiza kai, ya ce ba shi ne sunan da ya yi wa ɗansa huɗuba da shi ba.

Ashiru ya dafa bango ya zauna a ƙasa da kakinsa. Sunan da ya raɗa ke nan bara a kunnen ɗansa, wanda suka binne ana gobe suna, kuma duk duniya Raihana kaɗai ya gaya wa.