Geron da Ya Gina Gidan Wani

Zauna nan, Sallau jikana, ka kifa wayar nan a kan tabarma. Ka ce banki zai saya maka gida, a riƙa cirewa daga albashinka duk wata har ka yi furfura. Ka ce abin da za a cire kaɗan ne, ko jinsa ba za ka yi ba, gobe ma za ka sa hannu. To, ni ban yi boko ba, kuma ban taɓa jin kunyar hakan ba. Amma na tambaye ka nawa ne duka in an haɗa da kuɗin ruwan, ka tsaya kana sosa ƙeya. Kai ne wai mijin nawa? Buɗe kunnenka.

An yi wani manomi da ya gaji da bukka mai yoyo. Ya je wurin wani magini mai hali, wanda yake da azara da jakuna da 'yan aiki. Magini ya ce zai gina masa ɗaki biyu na soro da zaure kafin ruwa ya sauka. Biyan kuwa damin gero goma ne duk kaka, har jaririn da matar manomi ke goyo ya isa aure. In kaka ta wuce bai kawo ba, gida ya koma hannun magini. Manomi ya tuna faɗin gonarsa, ya yi dariya, ya ce ai ko tsuntsaye sun fi haka ci. Aka tafa. Kuma gaskiya gida ya yi kyau, ba zan rage masa ba. Matarsa ta daina tara ƙwarya a tsakar ɗaki, 'ya'ya suka tashi cikin rufin asiri. Duk kaka sai ya ɗora dammansa a jaki, ya sauke a ƙofar magini, ya juya. Sai dai gona tana da shekarar ƙoshi da ta yunwa, dami goma kuwa bai san wannan ba. Shekarar da aka yi fari, har irin shuka ya haɗa kafin goman ta cika, da bazara ya sayar da akuyar matarsa ya sayi wani irin. Yaɓen katanga nasa ne. Indararo ya tsage, nasa ne. Gara ta ci azara, shi ya canja. Gida yana tsufa, bashi yana nan da ƙuruciyarsa.

Wata kaka, yaron nan ya fara tsiro da gashin baki, manomi ya kai gero ya tarar ba kowa a ƙofa. Aka ce magini yana wajen aiki a bayan gari. Ya bi shi da jaki. Ya same shi yana duba wani sabon gida, ɗaki biyu da zaure, kamar an tsaga kara da nasa. Manomin nan mutum ne mai son sanin abu, ko ƙwaro ya gani a ganye sai ya juya shi ya duba cikinsa. Abu ɗaya ne bai taɓa juyawa ba. Ya tambayi magini da me ya yi wannan ginin. Magini ya nuna jakin da haɓa, ya ce da geron manomin, tun daga ƙasa har azara. Manomi ya ce, in haka ne ai ya daɗe da biyan nasa gidan. Magini ya ce a'a, damman shekarun farko kusan duk ladan jira ne, ginin kansa bai fara cin rabonsa sosai ba sai kwanan nan, da sauran tafiya. Manomi ya ce an cuce shi. Magini ko fushi bai yi ba. Ya ce, "Na shekara ka tambaya, na faɗa maka. Da ka tambayi na duka, da shi ma na faɗa." Manomi ya sauke damman, ya koma. Ya ci gaba da kaiwa, don in ya tsaya gidan ma ya tafi. Ranar da gida ya zama nasa, bayansa ya ranƙwafa, ɗansa ya isa aure, rumbu kuwa ko abin kai gaisuwar surukai babu.

Ban ce kada ka karɓa ba, Sallau. Haya ma ci take yi, kuma ita ko tubali ɗaya ba ta bar maka. Batun halal da haram kuwa, malamai suna nan, je ka same su. Nawa shi ne, gobe kada ka taɓa biro sai ka juya ƙwaron nan. Su faɗa maka duka nawa ne, da baki, yadda tsohuwa irina za ta gane, ka ga ko kuɗin gida ɗaya za ka biya ko na biyu. Ka ji me zai faru a shekarar farinka, in aiki ya tsaya ko ciwo ya kwantar da kai. Ka tambaya ko za su yarda ka ƙara dami a shekarar ƙoshi don tafiya ta ragu. In sun amsa, ka zo ka faɗa mini, ni ma ina son in ji yadda maginan zamani suke ƙirga nasu. In kuwa suka ce maka kaɗan ne kawai, ka dubi ƙaton benen da suke zaune a ciki, ka tambayi kanka geron wa ya gina shi.

Hausawa sun ce, da yayyafi kogi kan cika.