Akori-kurar da Ba Ta Sayuwa

A bayan caji ofis Tikaram ya tarar da farar akori-kurarsa, tsakanin wata tarakta da ciyawa ta tsiro a kujerarta da tarin babura masu tsatsa.

Don ita ya dawo gida. Ya gaji da ɗaurin rodi a Sharjah, kusa da Dubai, wani dillali ya samo masa gurbin aiki a jirgin ruwa, kuma da kuɗin motar zai tafi. Mai saye ma yana jira. Amma ranar da yake cikin jirgin ƙasa daga Mumbai, wani ya buga wa jami'an harajin barasa waya. Suka je rumfar bakin titi inda take kwana, suka ɗaga tamfol, sai ga jarkokin giyar mahua, wadda ake dafawa a ɓoye da furen itace.

Wani kurtu ya nuna masa su a ɗakin ajiya. Ba su da murafa. An toshe bakin kowace da leda, an ɗaure da koren ƙyalle mai ɗigon rawaya, ƙulli biyu. Kurtun ya ce bai taɓa ganin ɗan sumoga mai tsafta haka ba, ko ɗigo bai zuba ba.

Lauya Chaurasiya ya tofar da jan yawun ganyen pan da yake taunawa kamar goro kafin ya yi magana.

"Ka gode wa jirgin ƙasa, mutumin Dubai. Da ka riga shi isowa, da yanzu kana kwance kusa da jarkokin."

Ya ce hukuma ta buɗe shari'ar ƙwace motar, amma kafin hukunci ana iya roƙon a ba mai ita riƙo, in ya kawo masu tsaya masa.

Da ya tashi neman wanda ya ƙulla masa, Tikaram ya fara da Munna, direban da ke jigilar madara da ita. Munna ya ce a daren yana bikin aure a wani ƙauye, kuma rabin gari sun ga rawarsa.

"Bhaiya, yayana, ka dube ni da kyau. Ni ne zan bar jarka cike in tafi biki?"

Sai zarginsa ya koma kan mai sayen, wanda kullum yake neman ragi. Daga nan ya koma kan baffansa Harnam, da suke jayayyar iyakar gona. Ya daina gaida maƙwabta. Duk wanda ya jajanta masa, sai ya tsura masa ido yana auna muryarsa.

A gida kawai yake sakin jiki. Matarsa Phoolwati, wadda ba ta taɓa kiran sunansa ba, takan ce "Kana ji?" ta ajiye masa gurasar roti da ɗan achar, wato yajin mangwaro da ake tsumawa a tulu, ta koma gefe. 'Yarsu Guddi kuwa tana laɓewa bayan uwarta, tana tambaya cikin raɗa yaushe baƙon zai tafi.

Phoolwati ce ta samo masu tsaya masa tun kafin lauya ya gama lissafa su. Ta san hanya, don taraktar yayanta ta taɓa shiga irin wannan.

Ranar da aka saki motar, magatakarda ya karanto sharuɗɗa. Ba sayarwa, ba jingina, ba sauya fenti. Duk ranar da aka kira shari'a, mai motar da kansa zai kawo ta.

A bakin ƙofa Tikaram ya tambayi lauya yaushe za a gama. Chaurasiya ya yi dariya har tumbinsa na rawa, ya ce masa ya tambayi yayan Phoolwati, wanda har yau yake kai tarakta gaban hukuma. Wataƙila ma a cikin motar nan za a kai Guddi gidan miji.

Tikaram ya tuƙo motar gida. Phoolwati ta fasa kwakwa a gaban tayar, ta ɗiga jar hoda a goshin motar don neman albarka. Tun dawowarsa bai ga haƙoranta ba sai ranar.

Ya hau rufin ɗaki, inda waya ta fi kamawa, ya gaya wa dillali ya ba wani mutum gurbin. Sannan ya zauna a kan dakali yana sake bin sunaye ɗaya bayan ɗaya: Munna, mai saye, Harnam.

Daga ƙasa ya ji Phoolwati ta ce, "Kana ji? In za ka sauko, ka ɗauko mini tulun achar ɗaya."

Ya juya ga tulunan da ta jera a rana. Bakin kowanne a toshe yake da leda, an ɗaure da koren ƙyalle mai ɗigon rawaya, ƙulli biyu.