Kwalbar Sukari

Kwalbar ta sauka a kan Saverio da wata irin ƙara da Gastone bai taɓa ji ba. Kwalbar fim da sukari ake yin ta, da an taɓa ta sai ta ruguje. Wannan sai da Gastone ya ƙara maka ta karo na biyu sannan ta tarwatse a fuskar abokinsa.

Saverio ya zube ƙarƙashin tebur yana kurma ihu, ma'aikata kuwa suka tuntsire da dariya. Wa zai ga laifinsu? Shekara ashirin ke nan Italiya kaf tana dariyar wannan ihun. Tun suna wasa a ƙananan gidajen rawa na Roma, har suka shiga talabijin, daga can fim ya ɗauke su, sana'arsu ba ta sauya ba: Gastone ƙato ya doka, Saverio ɗan firit ya faɗi. Mari ya kashe masa kunnen hagu, matakala ta karya masa haƙarƙari, bai taɓa cewa uffan ba. Yau ne kaɗai ya yi gardama, wai a bar ɗaukar sai gobe, kuma da aka fara sai ya kare kansa da hannu.

"Sauke hannun nan!" in ji Belloni, daraktan da ke sauya shiri kamar riga. "Tun yaushe ka fara tsoron sukari?"

Ga shi ba a ɗaukar sauti a wurin aiki, sai daga baya ake ɗora murya, don haka ba mai sauraron abin da ɗan wasa ke faɗa. Saverio na kiran sunan Budurwa Maryamu, Belloni na daka tsawa: "Madalla! Gastone, ƙara masa da ƙafa!"

Gastone ya ƙara masa da ƙafa, ya sake ƙarawa. Sai da takalminsa ya fara santsi ya dubi ƙasa. Jinin fim ba ya ƙarni, wannan kuwa yana yi.

Idon Saverio na dama ya tafi, likita ya ce saura ƙiris da ran ma ya bi shi. Kafin magariba 'yan sanda sun yi awon gaba da Gastone. Mai kula da kayan wasa ya rantse da kabarin uwarsa cewa kwalbar sukari ya ajiye kafin a tashi cin abincin rana, to wa ya sa ta gaske? Kowa kuma ya ji raɗe-raɗin cewa Gastone na son ya ɓalle ya yi fim shi kaɗai.

"Ni?" Gastone ya fashe da kuka gaban ɗan sandan. "Ni na riƙe ɗansa a coci ranar baftisma! Ku tambaye shi, ko abincinsa na ranar ni na cinye, shi ya ce cikinsa na ciwo ya tafi ya kwanta!"

Kurkuku na jiran sa, kuma bakin Saverio kaɗai ne zai hana. Da Saverio ya farfaɗo ya ce tsautsayi ne, ba ya tuhumar kowa. Aka saki Gastone, ya garzaya asibiti da ƙunshin kek, ya durƙusa gefen gado yana sumbatar hannun da ke naɗe da bandeji.

"Tashi, ɗan'uwa," Saverio ya ce, idonsa ɗaya na kallon bango. "Na fi kowa sanin ba kai ba ne."

Gastone ya fito zuciyarsa fal da ƙauna, yana tsine wa Belloni da ɗabi'arsa ta sauye-sauye. A tsakiyar matakalar asibitin ya tsaya, ya dafa bango. Ya tuna cewa sai bayan cin abinci Belloni ya juya wasan: har zuwa lokacin, tsarin shi ne Saverio zai riƙe kwalbar, karo na farko a rayuwarsa, a kan Gastone kuma za ta sauka.