Hurumin Yallaɓai

"Wannan yashin kogi ne, na ƙwace shi," in ji jami'in kula da kogi, yana nuna tulin da ke ƙofar gidan Luba a unguwar PK5.

Luba ko gezau ba ta yi ba. "Ikonka a bakin kogin Ubangi ya tsaya, Yallaɓai. Nan unguwa ce."

"Duk inda yashi ya kwanta a Bangui, hurumina ne!"

"To rubuta, ka sa hannu."

Ya rubuta a fusace, har da buga hatimi.

Luba ta ɗaga takardar, matan layin suka rangaɗa guɗa. Daga magudanar ruwansu da ta toshe suka kwaso yashin. Shekara uku ambaliya tana shiga ɗakunansu, kowane ofis yana cewa ba ruwansa.

Ta miƙa masa shebur. "Sauran yana ciki. Bisimilla."